Nazarin Lamari: Bawan da Ya Kai Rahoton Boren Hausawa a Bahiya, 1807

## Lamarin a taƙaice

A watan Mayun 1807 wasu Hausawa, bayi da 'yantattu, a birnin Salvador na lardin Bahiya a Barazil, suka ƙulla za su tayar wa Turawan Fotugal. Sun sa rana, sun sa sa'a, sun naɗa shugaba a kowace unguwa, sun tara kibau. Ko kibiya ɗaya ba a kai ga harbawa ba. Wani bawa da ya san ƙullin ya faɗa wa ubangidansa, ubangidan ya garzaya wurin gwamna, gwamna kuma ya haɗiye maganar har ranar da aka sa, sannan ya kwashe shugabannin a tashi ɗaya.

Wannan nazari zai bi lamarin daga tushe, ya duba abin da Hausawan suka sauya daga baya don kada a sake tona su, da inda sauyin ya kai su. Bayanan duk daga wasiƙun gwamna da takardun kotu suka fito, wato daga bakin waɗanda suka yi kamun. Duk inda aka ce "sun yi niyyar kaza", niyyar da hukuma ta rubuta ake nufi.

## Kafin 1807: yadda Hausawa suka taru a Bahiya

Salvador ce babban birnin mulkin Fotugal a Barazil har zuwa 1763, lokacin da aka mayar da gadon mulki Rio de Janeiro. Gari ne mai hawa biyu. A gangare, bakin ruwa, akwai tashar jiragen ruwa, rumbunan 'yan kasuwa da gidan kwastan. A kan tudu kuma fadar gwamna, manyan majami'u da gidajen masu hali. A kewayen makeken lungun tekun da garin ke kallo akwai ƙasar noma da ake kira Recôncavo, inda gonakin rake da na taba suke, da garuruwa irin su Santo Amaro da Cachoeira. Ƙananan jiragen ruwa ke haɗa birni da waɗannan garuruwa kullum.

Abu biyu da suka faru a wurare masu nisa da juna suka cika garin da Hausawa. Na farko boren bayin Haiti da ya ɓarke a 1791, ya rusa gonakin raken Faransa da ke ciyar da Turai sukari. Farashi ya tashi, masu gonakin Bahiya suka faɗaɗa noma, suka shiga neman ƙarin hannaye. Fataken bayin Bahiya kuwa suna da wata haja da ba kowa ke da irinta ba: taba mai ƙaramar daraja da ake shafa wa maɗin rake a nannaɗe, wadda doka ta hana a kai Lisbon, amma dillalan Wida, Porto-Novo, Badagiri da Ikko suna matuƙar sonta. Da wannan taba ake sayen mutane.

Na biyu yaƙe-yaƙen ƙasar Hausa. Shehu Usman Ɗanfodiyo ya yi hijira zuwa Gudu a Fabrairun 1804, aka gwabza a Tabkin Kwatto a watan Yuni, sannan Tsuntsuwa, sannan Alwasa a 1805. Alkalawa ba ta faɗi ba sai 1808. Kowane yaƙi yana barin kamammu, kuma daga ɓangarorin biyu suke. Akwai jama'ar Shehu, akwai dakarun sarakunan Hausa, akwai talakan da hari ya rutsa da shi a gona. Ana miƙa su daga hannu zuwa hannu ta Nufe da ƙasar Oyo har bakin teku. Da yawansu samari ne da suka san kwari da baka, wasu sun yi karatun allo. A Bahiya suna ɗaya aka rubuta musu duka, Ussá ko Aussá, ba ruwan magatakarda da wanda ya fito Gobir da wanda ya fito Zazzau, ko da wanda ya yaƙi wani shekara biyu da suka wuce.

A 1806 kaɗai, gwamnan Bahiya ya ba da lissafin bayi sama da 8,000 da aka sauke daga wannan gaɓar teku, ya ce mutanen yankin Dahomey ne da Hausawa da Yarabawa, ya kuma kira su mafiya son yaƙi a gaɓar. Ƙidayar da aka yi a birnin a 1807 ta nuna mutum kimanin 51,000: farar fata wajen 14,000, ruwa-biyu wajen 11,000, baƙar fata sama da 25,000.

Bawan birni ba kamar bawan gona ba ne. Yawancin mazan dako suke yi, su ɗauki kaya daga tasha su hau da su tudu, ko su ɗauki masu kuɗi a kujerar da ake saɓawa a kafaɗa. Tsarin kusan murgu ne irin na ƙasar Hausa: bawa ya fita nema, ya kawo wa ubangida abin da aka yanka masa a rana ko a mako, saura nasa ne. Wasu har ɗaki suke kamawa haya, wasu su tara su fanshi kansu. 'Yan dakon suna da matattara a kusurwoyin tituna, kowace ƙabila da tata, kowace matattara da shugabanta. Ke nan mutum zai iya yini yana kai-da-kawo tsakanin tasha da tudu, yana magana da 'yan'uwansa da harshen da ubangidansa ba ya ji, ba mai tambayarsa.

Ita kuma hukumar Fotugal ta riga ta ɗanɗana daɗin mai kawo rahoto. A 1789, a lardin zinariya na Minas Gerais, wasu masu faɗa-a-ji da suka gaji da harajin Lisbon sun shirya ɓallewa. Ɗaya daga cikinsu, Kanar Joaquim Silvério dos Reis, wanda bashin baitulmalin sarki ya yi wa katutu, ya kai su ƙara wurin gwamna. Aka rataye mutum ɗaya, Tiradentes, a Rio ranar 21 ga Afrilun 1792. A Salvador ɗin kanta, a Agustan 1798, wasu teloli da ƙananan sojoji sun nemi kafa jamhuriya. Daga cikin waɗanda suka gayyata taron sirri aka sami masu sanar da hukuma, aka rataye huɗu a dandalin Piedade ranar 8 ga Nuwamban 1799. Ko shekara takwas ba a cika ba tsakanin wannan rataya da lamarin da muke magana a kai.

## Ƙarshen 1805 zuwa Afrilun 1807: sabon gwamna

João de Saldanha da Gama, mai sarautar Conde da Ponte, ya karɓi mulkin Bahiya a ƙarshen 1805. Shi kansa babban mai filaye da bayi ne a lardin. Tun zuwansa yake kuka da cewa bayin Salvador sun sami sake: suna taruwa inda suka ga dama, suna kiɗa da rawa dare da rana, iyayengijinsu kuma ba ruwansu muddin kuɗin mako ya shigo.

A farkon 1807 ya tura masu farautar gudaddun bayi zuwa dazuzzukan bayan gari, wajen Cabula da Mares, inda ake da tungayen gudaddu da wuraren bauta irin na Afirka. Aka kamo mutum 78, bayi da 'yantattu. Wannan samame ya nuna cewa idon gwamna yana kan daji. Masu ƙulla bore kuwa a tsakiyar gari suke.

## Mayun 1807: ƙullin

Ranar da aka zaɓa ita ce Alhamis 28 ga Mayu, ranar bikin Corpus Christi na Katolika. A wannan rana gwamna, alƙalai, limaman coci, 'yan majalisar gari da sojoji duk suna fita jerin gwano, gari ya cika da hayaniya, bawa ya bar gida ba a lura ba. Sa'ar kuma ƙarfe 7 na dare.

Kowace unguwa tana da shugabanta, wanda takardun suka kira kyaftin. Aikinsa ya tara mutanensa ya fitar da su bayan gari a lokacin da aka sa, su haɗu da waɗanda za su taso daga gonakin rake. Mai haɗa birni da ƙauye kuma an ba shi muƙamin jakada. Sunaye biyu suka fi fitowa a shari'ar, kuma duk sunayen baftisma ne da aka liƙa wa mutanen bayan an sauke su: Balthazar, bawa, cikin kyaftin-kyaftin ɗin birni, da Antônio, 'yantacce, ɗan kasuwa mai zirga-zirga tsakanin Salvador da Santo Amaro. Shi ne jakadan. Zaɓin ya yi ma'ana, don ɗan kasuwa mai takardar 'yanci yana shiga jirgi da kayansa ba a ce masa ina za ka.

Game da abin da za a yi bayan an tashi, bayanan sun rabu biyu. Wani bayanin ya ce za a sa wuta a gidan kwastan da wata ƙaramar majami'a a unguwar Nazaré don hankalin sojoji ya koma can, a zuba guba a wuraren ɗiban ruwan gari, a karkashe Turawa, a ƙwace jiragen da ke tasha a koma gida. Ɗaya bayanin bai ambaci komawa gida ba. Ya ce za a ci garin, a naɗa sarki da shugaban addini daga cikinsu, a ƙone gumakan majami'u, sannan a nufi Pernambuco a arewa a kwance Hausawan da ke can, a kafa mulki a cikin ƙasa. Mai karatun da ya san abin da ke gudana a Gobir da Kabi a waɗannan shekaru zai ji ƙamshin gida a bayani na biyu. Ba abin mamaki ba ne kuma idan mutanen da suka haɗu a kan tashi ba su haɗu a kan inda za a dosa ba.

Makaman an tara su a wani ɗan ƙaramin gida a cikin birni. A nan shugabannin ke haɗuwa.

## Kwanakin ƙarshe kafin bikin: rahoton

Saura 'yan kwanaki a yi bikin, wani mutumin gari ya nemi ganin gwamna da dare. Ya ce bawansa ya shaida masa Hausawa suna shirin tashi, suna da kyaftin a kowace unguwa, suna da jakada, suna da makamai.

Ponte bai aika a kama kowa ba. Ya nemi ƙarin bayani, bawan kuma ya yi ta kawowa ta hannun ubangidansa a kwanakin da suka biyo: sunayen shugabanni, wurin haɗuwa, gidan da makamai suke, rana da sa'a. Wannan kaɗai ya isa ya nuna matsayin mutumin. Ba wanda ya tsinci magana a bakin rijiya ba ne. Mutum ne da zai iya zama a inda ake faɗin sunaye, ya tashi, gobe ya dawo, ba a ɗaga ido an dube shi ba.

Gwamnan bai kira taron hafsoshi ba, bai ƙara sintiri ba, bai taɓa shirin bikin ba. A cikin waɗannan kwanaki mutum uku ne ke riƙe da sirrin hukuma, yayin da sirrin masu boren ke hannun unguwanni da gonaki.

## Alhamis, 28 ga Mayu 1807

Aka yi jerin gwano yadda aka saba, gwamna yana ciki. Da aka tashi, ya rubuta umarni da hannunsa zuwa ga kwamandojin rundunoni. Ƙarfe 6 na yamma, ba a buga ganga ba, ba a busa ƙaho ba, sojoji suka tsare hanyoyin shiga da fita gari. Masu farautar gudaddu suka bazu a hanyoyin bayan gari da umarnin su kama duk bawan da suka gani da makami. Wata tawaga ta kewaye gidan da aka nuna.

An kama shugabanni 7 a wannan samame. An sami kibau kimanin 400, damin sanduna na yin baka, igiyar tsirkiya, wuƙaƙe, 'yan bindigogi kaɗan da ganga ɗaya. An kuma sami layu, waɗanda jami'an suka rubuta a matsayin kayan tsafi. Aka kama wasu a wajen gari. Ƙarfe 7 ta buga babu wuta a gidan kwastan, yawancin mutanen gari ma ba su san an yi wani abu ba sai da gari ya waye.

Lissafin makaman abin dubawa ne. Kibiya 400 da bakunan da ba a gama ɗaurawa ba, a garin da ke da rundunonin soja na dindindin, da sojojin sa-kai, da ganuwoyi masu igwa a bakin ruwa.

## 1807 zuwa 1808: hukunci da sababbin dokoki

Babbar kotun lardi ta ɗora wa Antônio da Balthazar hukunci mafi nauyi a matsayin jagorori, sauran aka yi musu bulala a bainar jama'a. Ponte ya bi da dokoki: an hana bawa fita da dare sai da takardar ubangida, an hana kiɗa da taron 'yan Afirka, an tsananta sa ido a kan 'yantattu masu zirga-zirga tsakanin birni da Recôncavo.

Ana cikin haka duniyar Fotugal ta juye. Sojojin Napoleon sun shiga ƙasar, gidan sarauta ya tsere daga Lisbon a ƙarshen Nuwamban 1807, Yarima mai riƙon gado Dom João ya sauka a Salvador a Janairun 1808. A nan, ranar 28 ga watan, ya sa hannu a takardar buɗe tashoshin Barazil ga jiragen ƙasashen ƙawance, kuma Ponte aka rubuta wa takardar. Kasuwa ta ƙara buɗewa, jiragen bayi ba su fasa zuwa ba.

## Janairun 1809: gwaji na biyu, daga daji

Abin da Hausawan suka yi bayan wata 19 ya sha bamban. Ba a tara makamai a cikin gari ba, ba a jira wani biki ba. A ƙarshen Disambar 1808 bayi suka fara sulalewa daga gonakin Recôncavo zuwa daji. Ranar 4 ga Janairun 1809 wani babban rukuni ya fice daga Salvador don ya iske su. Washegari kimanin mutum 300 suka far wa garin Nazaré das Farinhas (gari ne daban, ba unguwar Nazaré ta Salvador ba), cibiyar garin rogo, da alama neman makamai da abinci suke.

A wannan karo hukuma ba ta sami labari ba sai da abin ya faru, kuma wannan ne ya fi tayar mata da hankali. Ɗaruruwan mutane sun bar gidajen iyayengijinsu a tare, duk da dokar hana fita, babu wanda ya kai rahoto.

Sirri ya riƙu, amma faɗa bai yi kyau ba. Mutanen Nazaré suka kore su. Sojoji daga Salvador da na sa-kai suka bi sawu, aka kashe da yawa, aka kamo kusan 100, har da mata, sauran suka watse cikin daji ƙungiya-ƙungiya. Ponte ya rasu a watan Mayun shekarar.

## 1810 zuwa 1814: sassauci, tashi, da wani mai rahoton

Wanda ya karɓi mulki a 1810, Marcos de Noronha e Brito, Conde dos Arcos, ra'ayinsa kishiyar na Ponte ne. A ganinsa iyayengiji ne ke jawo bore da yunwa da duka da aiki ba hutu. Ya bar bayi su yi kiɗa da rawa a ranakun hutu, kuma bai ɓoye dalilinsa ba: idan kowace ƙabila tana rawarta daban, za ta riƙa tuna tsohuwar gabarta da sauran, ranar da suka manta da wannan gaba kuwa Barazil ta shiga uku. Masu gonaki suka ƙi jininsa saboda haka.

A ƙarƙashin wannan sassauci aka shirya tashi mafi girma. Wani bawa mai suna Francisco Cidade, wanda aka sani da shugaban rawar Hausawa, yana yawo yana tara kuɗi da abinci da sunan wasa, yana aikawa wata tunga a dajin bayan gari. A tungar akwai jagoran da takardun kotu suka kira malomi João. Da asubahin 28 ga Fabrairun 1814, mutum kimanin 250 suka fito daga daji suka faɗa wa sansanonin kamun kifi da ke arewacin birni, inda Hausawa da yawa ke bauta. Suka ƙone gine-gine da taruna, bayin wurin suka bi su, suka wuce ƙauyen Itapuã suka sa wuta, suka nufi gonakin rake. A bakin kogin Joanes sojojin doki da na sa-kai suka tare su. Fiye da 50 suka mutu a fagen. An zartar wa huɗu hukuncin kisa a watan Nuwamba, aka yi wa wasu bulala, aka kori wasu zuwa Benguela a Angola. Wannan ma ba a tona shi ba kafin ya faru.

Ba a gama shari'ar Fabrairu ba aka sake wani ƙullin, kuma wannan karon an komo cikin gari. 'Yan dakon tasha ne a gaba, da haɗin bakin gudaddun da ke daji, an sa daren bikin São João na Katolika, na ƙarshen Yuni, lokacin da ƙarar wasan wuta za ta rufe ƙarar bindiga. A ƙarshen Mayu wani bawa Bahaushe ya kai labari. Arcos ya hana wasan wuta a bikin shekarar, ya sa aka yi shelar hanin da ganga a tituna, aka yi kame. Daren ya wuce lafiya lau.

## 1816 zuwa 1835

A Fabrairun 1816 bayin Santo Amaro da São Francisco do Conde suka tashi bayan wani bikin addini, suka ƙone gonakin rake da dama, aka yi kwana huɗu kafin a murƙushe su. Masu gonaki suka yi taro suna neman a cire Arcos. Ya zauna har 1818. Barazil ta ɓalle daga Fotugal a 1822, sojojin Fotugal suka bar Salvador ranar 2 ga Yulin 1823, bauta kuwa tana nan.

Daga nan yawan kamammun ya koma na Yarabawa, saboda rushewar Oyo. Boren Musulmi na daren 24 zuwa 25 ga Janairun 1835, a ƙarshen watan azumi, Yarabawa ne suka ja shi, Hausawa kaɗan ne a ciki. A cikin gari aka ƙulla shi, kuma wata 'yantacciya ta kai rahotonsa sa'o'i kaɗan kafin lokacin da aka sa.

## Abin da nazarin ya nuna

Idan aka jera lamuran, wani abu yana fitowa fili. Ƙullin da aka yi a cikin gari, aka sa masa ranar biki tun da wuri, an tona shi: 1807, Yunin 1814, 1835. Wanda aka fara da gudu zuwa daji, aka taso daga tunga, ya kai ranarsa: 1809 da Fabrairun 1814. Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Wanda ya riga ya gudu ya ƙone gadarsa da ubangida tun kafin a gaya masa rana. Ba ya kwana a gidan Bature, ba a kiransa da safe a tambaye shi me ya sa fuskarsa ta sauya. Shi kuwa tsarin kyaftin a kowace unguwa, duk da kyansa a ido, yana bukatar a yi ta faɗa wa sababbin mutane, kowannensu kuma da daddare gidan ubangida zai koma. Tara makamai da shugabanni a ɗaki guda ya ƙarasa aikin: samame ɗaya ya wadatar.

A ɓangaren hukuma, abin da ya yi aiki a 1807 ba rahoton kaɗai ba ne. Da Ponte ya yi kame a daren farko, da mutum biyu ko uku zai samu, saura su shige daji. Haƙurin kwanakin nan, da ƙin faɗa wa ko hafsoshinsa, su suka mayar da tsegumi ya zama jerin sunaye. Ina ganin ya san cewa gidan kowane hafsa akwai bawa mai kunne. Manyan manufofin gwamnonin biyu kuwa ba wanda ya hana bore. Tsananin Ponte ya haifi 1809, sassaucin Arcos ya ba Francisco Cidade rigar fakewa. Sai dai a ba Arcos gaskiyarsa a abu ɗaya: rarrabuwar da ya dogara da ita ta gaske ce. Bayin da aka haifa a Barazil da ruwa-biyu ba su shiga waɗannan tashe-tashe ba, da yawansu ma su ne sojojin sa-kai da masu farautar gudaddu. A Yunin 1814 kuma ba sai an je wata ƙabila ba, da ɗan gari aka ci gari. Sunan Aussá da aka rubuta wa kowa bai goge abin da ya raba mutane tun daga gida ba, bai kuma daidaita mai dako da mai zaman gidan ubangida ba.

Akwai jarabar a ɗora wa bawan 1807 dukan faɗuwar, a ce ba don shi ba da an ci Salvador. Lamuran 1809 da 1814 ba su goyi bayan haka ba. A can ba wanda ya ci amana, an kai ga fage, kuma kwari da baka da adda ba su iya da doki da bindiga ba. Babu wata ƙasa a bayansu da za su ja da baya zuwa gare ta, babu mai kawo musu albarushi. Ƙwace jirgi a tashar da igwa ke gadi, a kuma tuƙa shi ya ƙetare teku, ya fi kama da buri. Abin da rahoton ya ƙwace musu a 1807 shi ne mamaya, kuma mamaya ce kaɗai makamin da suka fi hukuma.

Shi kansa mutumin, abin da ya yi cin amana ne, ba na neman masa wani suna. Ya zauna da mutane, ya ji sunayensu, ya koma ya ƙara jiyowa. Amma ya yi shi ne a cikin tsarin da aka gina don a samu irinsa: bawan da ya tona bore yana iya sa ran 'yanci ko lada, wanda ya yi shiru aka gano ya sani kuwa bulala ko igiya ke jiransa, kuma gawarwakin 1799 ba su daɗe da barin dandalin Piedade ba. Kanar Silvério dos Reis yana da gona da bayi da muƙami lokacin da ya sayar da abokansa don bashi. Wannan kuwa ko jikinsa ba nasa ba ne, kuma dokokin da Ponte ya kafa bayan kamen sun hau kan kowane bawa a Salvador ba tare da an ware waɗanda suka yi biyayya ba.